Gangar da ba ta kiran sunan kowa: yinin da na yi a TAO no Oka

Maƙwabcina a Beppu, wani gari a ƙasar Japan, dattijo ne, ya haura shekara 70, tsohon direban bas. Baba nake ce masa, tun yana dariya har ya saba. Wata rana da yamma ya shigo ya kawo mini lemun kabosu daga lambunsa, ya tarar ina jiran shinkafa ta tsotse ina ƙwanƙwasa tebur da yatsu. Ya tsaya a bakin ƙofa yana saurare, sannan ya tambaye ni wa ya koya mini. Na ce babu wanda ya koya mini, amma kakana na wajen uwa makaɗin gangar noma ne a wani ƙauye kusa da Malumfashi. Sai da maganar ta fita daga bakina na lura cewa ko a gida ban cika faɗa wa mutane haka ba. Baba ya gyaɗa kai ya ce, "Ranar Asabar kada ka ɗora wa kanka wani aiki. Akwai inda zan kai ka."

Inda ya kai ni shi ne TAO no Oka, wato Tudun TAO, filin wasa na sarari da ƙungiyar makaɗan DRUM TAO ke kiɗa a cikinsa, a tsaunukan Kuju da ke ƙarƙashin birnin Taketa a jihar Oita. Wata uku ke nan da zuwana wurin, kuma har yanzu idan 'yan'uwa ɗalibai suka tambaye ni inda ya kamata su je kafin su bar tsibirin Kiyushu, wurin nan nake fara ambata.

Mun bar Beppu da hantsi, cikin watan Oktoba. Hanyar da muka bi ita ce Yamanami, wadda ke ratsa Yufuin ta hau tsaunuka, ta bi ta mashigar Makinoto mai tsayin mita 1,330, sannan ta gangara wajen Senomoto inda ake karyawa zuwa Kuju. Tafiyar ta ɗauke mu kusan awa biyu, don Baba ba ya gudu, kuma sau biyu yana tsayawa ya nuna mini abu. Da farko daji ne na itatuwan sugi, duhu ta ko'ina. Can sai dajin ya yanke kamar an ja labule, ƙasa ta buɗe, ciyawa iya ganinka. Ciyawar susuki ce, doguwa kamar gamba, kanta ya yi fari, iska na kwantar da ita tana tashi. Ga shanu a warwatse suna kiwo. Tun da na zo Japan ban ga fili mai faɗi haka ba, na saba da gari a matse tsakanin teku da dutse. Baba ya ce filin ba haka Allah ya bar shi ba, mutane ne ke riƙe da shi: duk shekara wajen watan Maris manoma da masu sa kai suna cinna wa busasshiyar ciyawar wuta, abin da suke kira noyaki, don kada daji ya cinye makiyaya. An fi shekara 1,000 ana haka a yankin Aso.

Filin wasan yana kan tsayin mita 1,036, cikin gandun ƙasa na Aso-Kuju, kuma a watan Satumbar 2020 aka buɗe shi. Ba wani ƙaton gini za ka gani ba. Akwai gida ɗaya da suke kira TAO HOUSE, inda ake shan shayi, ake sayar da kayan tsaraba, kuma aka baje tufafin wasan da shahararriyar mai zanen tufafin nan Junko Koshino ta yi wa ƙungiyar, wadda take yi musu aiki tun 2012. Na ɗan jima a gaban wata riga mai faffaɗan kafaɗu irin na sulken mayaƙan da, ina duba ɗinkin. An bar hammata a buɗe sosai, don hannun da zai ɗaga gula sama da kai ba ya son a matse shi. Daga nan sai ka fita ka gangara zuwa wurin zama, wanda aka jera hawa-hawa a jikin tudu.

Dandalin ba shi da bango a baya. Ba shi da rufi. Abin da ke bayan makaɗan shi ne kwari mai nisa, sannan can ƙarshen gani tsaunukan Aso guda biyar a jere. Baba ya miƙa hannu ya ce in duba da kyau, mutanen nan suna ganin siffar mutum a kwance rigingine, suna kwatanta shi da Buda, wanda ya kafa addinin Buda, yana barci: Nekodake mai tsini-tsini shi ne fuska, Takadake mai mita 1,592 shi ne ƙirji, Nakadake kuma cibiya. Daga cibiyar nan farin hayaƙi ke fita, don dutsen mai aman wuta ne kuma bai mutu ba. Na ga fuskar sarai, har da hanci.

Na yi sallar Azahar a kan ciyawa gefen wurin ajiye motoci, Baba yana tsaye nesa kaɗan riƙe da jakata. Babu wanda ya tsaya kallona. Sannan muka je muka zauna, layi na biyar ko na shida daga gaba.

Da sarewa aka fara. Wata budurwa ce ta fito ita kaɗai da sarewar gora da suke kira shinobue, wadda ake busawa a kaikaice. Muryar siririya ce, iska tana kwashe rabinta, sai ka ga mutane sun karkata gaba don su tsinci sauran. Ina cikin wannan sauraron ne aka sauke gula a kan babbar ganga.

Ban san yadda zan kwatanta bugun farkon nan ba sai dai in ce a ƙirji na fara jin sa kafin kunne. Takardar da ke kan cinyata ta motsa. Wani yaro da ke gabanmu, bai fi shekara huɗu ba, ya ƙanƙame wuyan mahaifiyarsa, amma bai juya baya ba, idonsa na kan gangar. Sannan aka yi shiru. Shirun ya daɗe har na ji kukan wani tsuntsu can ƙasa cikin ciyawa. Sai bugu na biyu.

A nan ne na gane amfanin kawo ganga irin wannan kan tudu. Na taɓa jin kiɗan taiko, wato gangar Japan, a cikin wani zaure a Beppu, a wani bikin unguwa, kuma abin da na tuna shi ne ƙara tana dukan bango tana dawowa, bugu yana hawa kan bugu har kai ya yi nauyi. A Kuju babu abin da zai mayar da sauti. Yana fita daga fata, ya ratsa ka, ya wuce kwari, ba ya dawowa. Saboda haka kowane bugu yana da farko yana da ƙarshe, kuma tazarar da ke tsakaninsu tana fitowa fes. Japanawa suna da kalma ga wannan tazara, ma suke ce mata, kuma suna ɗaukarta wani ɓangare na kiɗan kamar yadda bugun yake. A zaure na ji labarin ma. A kan tudun nan na ji ta da kunnena.

Babbar gangar, odaiko, a kan wani gadon katako aka ɗora ta, fuskarta ta fi tsawon hannuwana biyu a buɗe. Mai kaɗa ta ya ba mu baya, ya ware ƙafafu, ya durƙusa kaɗan. Gulolinsa, bachi a harshensu, ba lanƙwasassu ba ne irin na kalangu, miƙaƙƙu ne masu kauri kamar ƙananan taɓare. Daga inda nake ina ganin naman bayansa yana harɗewa yana warwarewa, kuma na lura ba da hannu yake bugu ba. Ƙarfin daga ƙafa yake tasowa, ya bi ta ƙugu, hannun kawai isar da saƙo yake. Duk wanda ya taɓa kallon ƙwararriyar mace tana daka, ko manomi yana huɗa da garma, ya san wannan. Wanda ya dogara da damtse kaɗai ba zai kai la'asar ba. Da ya yi nisa, gumi yana tsiyaya daga gwiwar hannunsa, kowane bugu sai ka ga ɗigon ya fantsama cikin hasken rana, ga sanyin da mu muke takure saboda shi.

Sauran gangunan kowace da aikinta. Akwai nagado, mai ciki kamar tulu, wadda bisa al'ada ake sassaƙa ta daga gungumen icen keyaki guda ɗaya, a ja fatar shanu a kanta a kafe da manyan ƙusoshi masu kai a zagaye. Da zarar an kafe ta shi ke nan, ba a sake ɗaure ta ko sassauta ta, muryar da aka ba ta ita za ta riƙe har fatar ta gaji. Akwai shime, ƙarama, wadda ake ɗaurewa tamau da igiya ko ƙarfe, muryarta a sama take, tsai-tsai, ita ke riƙe wa kowa lokaci. Akwai kuma okedo, wadda ake haɗa jikinta da fallayen katako kamar yadda ake haɗa ganga ta zuba ruwa, a ɗaure da igiya. Ba ta da nauyi, don haka ake rataya ta a kafaɗa a yi ta yawo da ita. Da samari da 'yan mata suka fito da okedo a rataye suna zagaya dandali suna bugun fuska biyu, suna tsalle suna murmushi, a nan ne na ji kamar ina gida, don haka masu ganga ke shigowa fili a wurinmu. An kuma kawo koto, doguwar molo mai tsirkiya 13 da ake kwantarwa a ƙasa, da shamisen mai tsirkiya uku da ake bugawa da wani faffaɗan abu kamar matsefi. Waɗannan su ne ke ba kunne hutu tsakanin tsawa da tsawa.

Yanzu ga abin da ya fi tsaya mini a rai, kuma shi ya sa na zauna rubuta wannan.

Kunnen Bahaushe idan ya ji ganga, magana yake jira. Haka aka raine mu. Kalangu yana matse tsirkiya ya sassauta, ya hau ya sauka yadda harshenmu ke hawa da sauka, har ka ji sunan mutum da na ubansa. Mahauci ya san takensa, maƙeri ya san nasa. Tambari idan ya yi ƙara a ƙofar fada, an san ba don kowa ba ne sai sarki. Kakana kuwa, inna ta ce idan aka yi gayya, ba ya buga wa fili gaba ɗaya. Yana bin manoma kunya-kunya, ya tsaya bayan wanda ya fara sanyi, ya kaɗa masa taken gidansu, sai ka ga mutum ya zabura kamar an watsa masa ruwa. Gangarmu tana da wanda take kira.

To minti goma na farko a TAO no Oka na yi su ne ina jiran gangar ta faɗi wani abu. Ba ta faɗa ba. Ba za ta iya ba ma, tunda fatarta a kafe take, murya ɗaya gare ta. Babu kirari, babu sanƙira, babu wanda ya tashi ya yi liƙi, babu wani babban baƙo da aka juya ana kaɗa wa. Ihun da makaɗan ke yi, wanda suke kira kakegoe, junansu suke yi wa, don ƙarfafa wanda ke tsakiya ko nuna inda za a juya. Da farko na ji kamar an ba ni tuwo ba miya. Sai a hankali na daina jira, na bar idona ya yi aikin da kunnena ya saba yi. Sai na ga ashe maganar a jiki take. Mutum takwas su ɗaga gula lokaci ɗaya, su tsayar da ita a sama tsayi ɗaya, su riƙe numfashi, su sauke tare har ka rantse hannu ɗaya ne. Yadda hannu ke tashi yana da muhimmanci kamar yadda yake sauka. Kiɗan namu na mai suna ne, wannan kuwa an yi shi ne don a ga yadda mutane da yawa ke zama abu guda. Ban ce ɗaya ya fi ɗaya ba, kuma har gobe idan na ji kalangu tsigar jikina tashi take yi ta hanyar da taiko ba zai iya ba. Amma ban taɓa ganin an mayar da bugun ganga abin kallo har haka ba.

Akwai abin da ya kamata mai zuwa ya sani, don kada ya je da wani zato. Idan an ce maka kiɗan gargajiyar Japan, gaskiya ne kuma da sauran bayani. Gangar kanta tsohuwa ce ƙwarai. An tono wani mutum-mutumin yumɓu na ƙarni na 6 a jihar Gunma riƙe da ganga, kuma shekaru aru-aru ana kaɗa ta a wuraren bauta, a fagen yaƙi, a roƙon ruwa da bukukuwan ƙauye. Amma tara ganguna iri-iri a dandali ɗaya, mutane da yawa su kaɗa tare a matsayin wasa, wanda ake kira kumi-daiko, bai daɗe ba. A 1951 wani makaɗin jaz mai suna Daihachi Oguchi ya fara shi a yankin Suwa na jihar Nagano, bayan an kawo masa wata tsohuwar takardar kiɗan wurin bauta ya ga ta yi masa sauƙi da yawa, ya rarraba ta ga ganguna daban-daban. Gasar Olamfik ta Tokiyo ta 1964 ta nuna wa duniya salon, daga baya ƙungiyoyi irin su Ondekoza da Kodo na tsibirin Sado suka kai shi ƙasashen waje. DRUM TAO ta zo bayansu. An kafa ta a 1993 a jihar Aichi, ta koma Kuju a 1995, kuma sunanta ya fito a waje ne bayan ta je bikin wasanni na Edinbura a 2004. Salonta ya fi na sauran kusa da wasan dandali na zamani: tufafi masu walƙiya, rawa, tsalle, har da ɗan barkwanci da ƙananan faifan ƙarfe da ake kira chappa, wanda ya sa yara dariya. Wanda yake son ganin yadda tsofaffi ke kaɗa wa allolinsu a ƙauye, bikin kaka na kowane ƙaramin gari zai nema. Ni abin da na gani ya gamsar da ni a matsayinsa, don ban ga alamar suna ɓoye cewa sabon abu suke ginawa a kan tsohon tushe ba.

'Yan ƙungiyar a nan tsaunin suke zaune tare, a wani sansani da suke kira Grandioso. An san su da horo mai tsanani: gudun kilomitoci da asuba, motsa jiki, sannan awanni ana bugun ganga ba tsayawa. Ka ga wannan a dandali ba sai an gaya maka ba. Wasan bai cika awa ɗaya ba, amma a ƙarshensa akwai wani yanki da suka zauna a ƙasa, ganga tsakanin ƙafafu, suka kwanta baya rabi ba tare da jingina da komai ba, suna bugu da dukkan ƙarfi. Na gwada wannan zaman a ɗakina da dare, hannu wofi, ban kai minti ɗaya ba cikina ya ɗauki rawa. Su sun yi ta har na daina ƙirgawa.

Bayan an tashi, wasu daga cikinsu suka tsaya suna sallamar mutane. Na matsa kusa da wani saurayi cikin masu nagado, ba zai wuce shekara 22 ba, na ce masa na gode da ɗan Japanancin da nake da shi. Ya sunkuya, ya miƙo hannu. Tafin nan kamar bayan kunkuru. Kanta ta fito a gindin kowane yatsa, tsakanin babban yatsa da manuni fata ta tsage ta warke ta sake tsagewa, an naɗe wuri ɗaya da farin filasta da ya fara yin ja. Na san wannan hannun. Ina da shekara bakwai kakana ya rasu, fuskarsa ta dushe mini, amma ban manta yadda tafinsa ke karce mini kumatu idan ya shafa ni ba. Sai ga dattawa masu furfura, maza da mata, sun yi layi suna sunkuya wa yaron nan, wata tsohuwa ta riƙe hannunsa da hannu biyu tana ta godiya. Na koma gefe na tsaya, don idona ya cika.

A makarantar kwana an taɓa ce mini jikan maroƙi, kuma daga ranar na koyi yin shiru. Dangin mahaifina malamai ne, ba su taɓa wulaƙanta inna ba, amma ba a kuma taɓa ambatar sana'ar mahaifinta a zaure ba. A hanyar dawowa na gaya wa Baba wannan, na ce na yi sha'awar yadda mutanensa ke girmama makaɗa. Ya daɗe bai ce komai ba, yana kallon hanya. Sannan ya ce kada in ɗauka haka abin yake tun asali. Masu jeme fata da masu haɗa gangunan nan, in ji shi, ƙarnuka suka yi ana ƙyamarsu saboda suna taɓa mushe, an ware musu unguwanni, ba a aurensu. Ana jin daɗin muryar ganga a wurin bauta, wanda ya yi ta kuwa ba a son ya matso. Ya ambaci unguwar Naniwa a Osaka, wadda ta shahara da haɗa ganguna, kuma mutanenta suka sha wannan wariya. Ya ce a hukumance an soke bambancin tun 1871, amma shi da kansa ya girma yana jin manya suna rage murya idan za su faɗi asalin wani. Ban san abin da zan ce masa ba. Mun gangaro Makinoto shiru, hazo ya fara rufe hanya, ya kunna fitila.

Ga wanda ya yi niyyar zuwa, ga abin da na koya da jikina. Sanyi na farko. Duk hawan mita 1,000 zafi yana raguwa da kusan digiri shida, ga iskar fili da babu abin da ke tare ta. Na bar Beppu da 'yar riga mai dogon hannu, kuma da ba don bargon da Baba ke ajiyewa a bayan mota ba, da rabin hankalina yana kan haƙorana. A tafi da rigar sanyi ko da an bar gari ana gumi, a haɗa da hula saboda rana, don babu inuwa a wurin zama. Na biyu, wasa ne na sarari, yana hannun yanayi. Hazo a tsaunin nan yakan sauko cikin 'yan mintoci ya shafe Aso gaba ɗaya, kuma ba kullum ake wasa ba, da hunturu ma ana rufewa. A duba jadawalinsu a intanet kafin a kama hanya, a sake dubawa da safiyar ranar. Na uku, mota. Wurin yana nesa da tashar jirgin ƙasa, kuma motocin haya a wannan yankin ba su da yawa. Idan ɗalibai ne, ku haɗu huɗu ku yi hayar mota, da mai lasisin da Japan ta yarda da shi. Na huɗu, abinci: Musulmi ya yi guzurinsa daga gida. Mun tsaya a wani ɗan gidan abinci a bakin hanya, matar ta yi iya ƙoƙarinta tana karanta mini abin da ke cikin kowace miya, a ƙarshe shayi kawai na sha, na koma mota na ci dunƙulen shinkafa da kifin da na taho da su.

Kuɗin shiga ga ɗalibi ba ƙaramin abu ba ne, ya kai cefanena na 'yan kwanaki, kuma na ji wani a bayanmu yana cewa wasan ya yi gajere. Ni ban ga haka ba. Jikin ɗan Adam ba zai iya abin da suka yi na awa biyu ba, kuma kunne ma yana da iyaka. Shawarata ita ce a iso da wuri, a zauna a kalli tsaunukan kafin a fara, kada a yi gaggawar tashi bayan an gama. Game da wurin zama, layukan gaba su ne na jin bugu a ƙirji da ganin gumi, na sama kuma su ne na ganin makaɗan sun zama ƙanana a gaban Aso. Idan Allah ya sa na koma, kuma ina da niyya, sama zan hau. Masu ƙananan yara su ma gara su ɗan ja baya.

Mun iso Beppu bayan Isha. Japan tana gaban Najeriya da awa takwas, don haka a gida rana ce tsaka, na san inna ta gama girki. Na kira ta. Bayan gaisuwa na ce, "Inna, gangar Kaka tana nan kuwa?"

Ta yi shiru, sannan ta ce, "Me ya tuno maka da ita?"

Na ba ta labarin tudun, da babbar gangar, da hannun yaron, da tsohuwar da ta riƙe shi. Ta saurara har na gama ba ta katse ni ba. Ta ce gangar tana ɗakin shirgi a gidan kawuna, fatar ta tsage tun shekarar da aka yi ruwa mai yawa, amma icen lafiyarsa ƙalau, gara ba ta taɓa shi ba. Na ce a nemo wanda zai sa mata sabuwar fata, zan turo kuɗin ƙarshen wata.

"To idan an sa, wa zai kaɗa?" in ji ta.

Na ce a dai sa tukuna. Ta ce akwai wani tsoho a ƙauyen gaba da su da ya yi yawon gayya tare da mahaifinta, in yana da sauran ƙarfi za ta aika a tambaye shi wace fata ce ta dace.